Yadda Ake Zaga Dandalin Cocin Pisa a Italiya Tare da Jagora

1. Sayi tikiti ta intanet tun kafin ka isa. Hawa hasumiyar da ta karkace yana da ƙayyadadden lokaci, kuma ba a barin yaran da ba su kai shekara 8 ba.

2. Daga tashar jirgin ƙasa ta Pisa Centrale, tafiyar ƙafa ce ta kamar minti 25. Ka riga jagoran isa wurin haɗuwa.

3. Fara da ginin baftisma (wurin yi wa mutane wankan shiga addinin Kirista) mai siffar zobe. Kada ka yi saurin fita, domin lokaci-lokaci wani ma'aikaci yakan rera 'yan sautuka, amon ya riƙa kewaya rufin kamar mutane da yawa ne ke amsawa. A ganina wannan ya fi hoton da kowa ke rububin ɗauka a waje kamar yana tokare hasumiyar da hannu.

4. Shiga babban cocin da tufafin da suka rufe kafaɗa da gwiwa.

5. Hasumiyar, wadda aka soma ginawa a 1173, bar ta sai ƙarshe. Ajiye jaka a ɗakin ajiya, don ba a hawa da ita. Matakalar marmara ta siɗe saboda yawan takawa, sai ka sa takalmi mara santsi.