Kurakuran da ake yawan yi wajen tura mai ziyara da jera hanyoyin shafi

Wani ƙanena a Birnin Kebbi ya gina wa masu sayar da shinkafa shafin karɓar oda da Django, wato manhajar gina shafukan intanet. Ranar da ya canza adireshin jerin farashi, sai ya tura tsohon zuwa sabon da lambar 301, ɗaya daga cikin lambobin da sabar (kwamfutar da ke riƙe da shafin) ke ba burauza don ta tura mai ziyara wani adireshi. Bayan kwana biyu ya sake shawara, ya goge sabon, ya cire turawar. Amma masu saye daga Argungu da Jega suka ci gaba da faɗawa adireshin da babu shi, shi kuma yana ta bincike a sabar bai ga komai ba.

Ai ba zai gani ba. Ma'anar 301 ita ce an yi ƙaura ta dindindin, burauza kuma takan haddace wannan, ta daina tambayar sabar. Muddin kana gwaji, yi amfani da 302, mai nufin ƙaura ta wucin gadi. Idan kuma aikin gama ya gama, mafi sauƙi ka raya adireshin da ka goge, don ba za ka bi mutane gida-gida kana share musu ma'ajiyar waya ba. Umarnin curl -I zai nuna maka ainihin amsar sabar, tunda shi ba ya haddace komai.

Wanda ya fi cin rai shi ne na fom. A Django, idan hanyarka /oda/ ce amma fom ɗin ya aika zuwa /oda babu karan ƙarshe (/), saitin APPEND_SLASH mai ƙara karan zai tura shi da 301, burauza ta mai da POST (aika bayani) zuwa GET (neman shafi kawai), bayanan su zube a hanya. Lokacin da DEBUG, saitin nuna kurakurai, ke kunne, Django zai yi maka ƙorafi. Da ka kashe shi, shiru kake ji. Ka ba kowace hanya suna ka riƙa kiranta da reverse, umarnin Django mai fito da adireshi daga sunan, ka bar rubuta adireshi da hannu. Inda dole a tura POST yadda yake, 307 ko 308 ne maganin. Haka kuma bayan an karɓi oda, tura mutum wani shafi da 303 ko 302. In ba haka ba, wanda sabis ya yanke masa a ƙauye zai sabunta shafin, odar ta sake tafiya, buhu goma su zama ashirin.

Jerin hanyoyi kuwa daga sama ake karanta shi, a Django da Express (wata manhajar gina shafuka) duka, wadda ta fara dacewa ita ke ɗauka. Ka sa /kaya/sabo/ a ƙarƙashin hanyar da ke karɓar kowane suna, sai a tafi neman kaya mai suna "sabo". Takamaimai a sama.

Sai zagayen da Chrome ke kira ERR_TOO_MANY_REDIRECTS. Sau da yawa Cloudflare, mai tsayawa tsakanin mai ziyara da sabar, shi ne a tsarin Flexible yake magana da sabar ta HTTP marar kariya, ita kuma ta ce a koma HTTPS mai kariya, ana ta kai-komo. Sa wa sabar takardar shaidarta ta HTTPS, ka mai da tsarin Full.

Na ƙarshe ba ya nuna alama, shi ya sa nake jin tsoronsa: karɓar ?next=, ɓangaren adireshin da ke faɗin inda za a tura mutum bayan ya shiga asusunsa, yadda ya zo. Ɗan damfara zai aika mahaɗi mai sunan shafinka a WhatsApp, ya ƙare a nasa yana neman lambar katin banki. Tace ?next= ɗin da url_has_allowed_host_and_scheme na Django, abin da bai tsallake ba a mai da shi shafin farko.