Yadda ake shorbar adas da lik ba tare da ƙasa ta ɓata miki ita ba

Ranar da na fara yi wa baƙi wannan shorba ta adas (ƙananan ƙwayoyi dangin wake) da lik (ɗan'uwan albasa mai dogon kara) cikin azumi ne. An kira magariba, an ci dabino, na zuba wa surukata a kwano na koma gefe ina jiran yabo. Ta kai cokali na farko baki, daga inda nake tsaye na ji ƙaras. Ba ta ce uffan ba, ta daure ta kai na biyu. Sai ta ajiye cokalin ta ce, "'Yar nan, abin ya yi daɗi, amma wanda ya sayar miki da ganyen nan har da gonar ya haɗa miki." Na ce, "Ku yi haƙuri, Hajiya," na ɗauke kwanon na kawo kunu. Tukunya guda kaji ne suka ci ribarta.

Tun daga nan na koya wa ƙannena da amare da dama wannan girki, kuma kusan kowacce a wuri biyu take faɗuwa: wankin lik da suyarsa. Sauran aikin, duk wadda ta iya faten wake ta iya shi.

Shorba ba miyar tuwo ba ce, da cokali ake sha, ko a tsoma burodi. Ta adas sananniya ce a Masar da Sudan da Turkiyya, kuma wadda ta yi azumi a Saudiyya da wuya a ce ba ta gamu da ita wajen buɗa-baki ba. Shi kansa adas tsohon abinci ne, sunansa ya zo tare da albasa a Suratul Baƙara, aya ta 61. Haɗa shi da lik kuwa ya fi yawa a girkin Birtaniya, inda mutanen yankin Wels suka ɗauki lik alamar ƙasarsu, har suna maƙala shi a riga ranar 1 ga Maris. In kin ga girkin can a intanet ki lura, musamman na Sukotland, domin sau da yawa da romon ƙafar alade suke yi. Romon kaza ya ishe mu.

Lik ɗan'uwan albasa ne, kamar albasa mai lawashi da ta yi girman rake. Ba ya yin kai a ƙasa, farin kara ne dogo, ganyensa kuma falale ne mai faɗi, ba mai rami ba kamar lawashi. Yana son sanyi, shi ya sa na Jos ya fi kyau, kuma da hunturu ya fi samuwa da araha. A Nijar da sunansa na Faransanci ake nemansa, fuwaro. Ki zaɓi mai kaurin da bai wuce babban yatsa biyu ba, wanda farin ya yi tsawo, kuma in kin matsa kin ji shi da ƙarfi. Manya-manyan nan masu ɗaukar ido sau da yawa sun fara fitar da tsinken fure a ciki, tsakiyarsu ta zama itace, ko kwana za ki yi kina dafawa ba zai yi laushi ba.

Don mutum huɗu ko biyar ki tanadi lik uku matsakaita, jan adas gwangwanin madara ɗaya da rabi (kimanin giram 250), karas biyu, tafarnuwa sala uku, man shanu cokali biyu, garin kumin (kayan ƙamshin girki, cumin a Turance) ƙaramin cokali ɗaya, masoro, gishiri, lemun tsami ɗaya, da romon kaza lita ɗaya da rabi. Jan adas nake cewa, wanda aka ɓare aka raba biyu, mai launin ruwan lemo. Shi ne yake narkewa cikin minti 20. Mai ruwan ƙasa da kore suna kai minti 35 zuwa 40 kuma ba sa fashewa, sun fi dacewa da shinkafa. Adas shigo da shi ake yi, Kanada da Indiya ne manyan masu nomansa, don haka kuɗinsa ba na wake ba ne. Ki duba shagunan da ke sayar da kayan Indiyawa da Larabawa, kuma in kin samu na aune ya fi na ƙaramar leda sauƙi.

To, ga wankin, kuma a nan zan daɗe.

Dalilin ƙasar nan shi ne yadda ake nomansa. Manomi yana tara wa karan ƙasa yana rufe shi yayin da yake girma, don kada rana ta taɓa shi ya yi kore. Farin da kike biya kuɗi a kansa daga nan ya fito. Amma duk ruwan da aka yi, ko ban-ruwa, yana tura yashi tsakanin ɓawo da ɓawo, ya zauna can ciki inda idonki ba ya kaiwa. Za ki ga lik fes a waje kamar an goge shi da tsumma, ciki kuwa rairayi. Abin da na yi a ranar Hajiya ke nan: na tara shi a famfo, na murza bayansa, na yanka, na zuba a tukunya.

Ki yanke saiwar, ki yanke ganyen daga inda kore ya yi duhu ya fara tauri, ki cire ɓawon waje guda. Sai ki tsaga karan biyu a tsaye, daga sama har ƙasa. Ki buɗa shi da yatsa a daidai inda fari ya haɗu da kore, za ki ga abin da nake faɗa, baƙar ƙasa a kwance layi-layi. Yanzu ki yanka shi siriri, kamar yankan kabeji na kwaɗo, ki zuba a babbar roba, ki cika da ruwa har ya taso yana yawo a sama. Ki sa hannu ki wargaza shi sosai don yankan su rabu da juna, sannan ki ƙyale shi minti biyar kada ki taɓa.

Abin da ya biyo baya shi ne wanda kowa ke ɓatawa. Hannunmu ya saba da juye roba a kwando. In kika juye, yashin da ya kwanta a gindin roba ya sake bin ruwan ya sauka a kan lik ɗin, kin koma gidan jiya. Tsamo shi za ki yi da hannu daga sama, a hankali, ki sa a wata robar. Sannan ki karkata ta farkon ki shafa gindinta da yatsa. Muddin kin ji gurzau, ki sake sabon ruwa. Ni sau uku nake yi ko da na biyun ya fito fes, kuma ba na yarda yarinya ta yi mini wannan aikin sai ina tsaye a kanta. Wata ƙanwata ta taɓa ce mini ai za a markaɗa, ƙasar za ta ɓace. Markaɗe ba ya kashe yashi, raba shi yake yi ko'ina, kowane cokali ya samu rabonsa.

Ganyen mai duhu da kika yanke kada ki zubar, kuɗi kika sa. Ki wanke shi haka nan, ki jefa cikin tukunyar da kike tafasa kaza ko ƙasusuwanta, ki tace daga baya. In babu kaza, ruwan zafi da dunƙule biyu sun yi, ba zan ce daidai suke ba amma ana sha. Ki bar lik ɗin ya tsane a kwando kafin ya shiga mai.

Suyar ita ce wuri na biyu. Mu mun saba mai ya yi zafi har ya fara hayaƙi, a watsa albasa ta yi ƙara, a jira ta yi ja. Lik ba ya ɗaukar wannan. Ganyensa siriri ne, yana fara yin ja ya ƙone, kuma ƙonannen lik ɗaci gare shi wanda gishiri ko dunƙule ba sa rufewa. Ki sami tukunya mai kaurin gindi, ki rage wuta can ƙasa, ki narka man shanun. Na Fulani soyayye nake sawa, kuma a wurina shorbar da aka yi da man gyaɗa zalla ba ta kai ba, sai dai in dole. Ki zuba lik da karas da kika yanka ƙanana, ki barbaɗa ɗan gishiri, ki juya, ki rufe. Gishirin ne zai jawo ruwan jikinsa ya turara kansa da kansa. Minti 10 zuwa 12, kina buɗewa kina juyawa duk bayan minti uku. Ƙarar da za ki ji kada ta wuce ɗan shuu. In kin ji caa kamar ana suyar ƙosai, wuta ta yi yawa, ki zuba ruwa cokali biyu ki rage ta. Mai girki da gawayi ta kwashe rabin garwashin gefe kafin ta ɗora. Alamar ya yi ita ce ya faɗa ya koma rabin yawansa, ya yi santsi yana ƙyalli, launinsa kore-kore mai haske, kuma in kin ɗanɗana kin ji zaƙi. Wannan zaƙin ne duk dalilin sayen lik. In kin gaggauta shi, da albasar naira kaɗan kika saya kika huta.

Sai ki sa dakakkiyar tafarnuwa da kumin, ki juya minti ɗaya kawai. Mai son yaji ta jefa attarugu guda ɗungurungum ba tare da ta fasa ba, ta tsame shi daga baya. In kika jajjaga shi ciki kin binne ɗanɗanon lik.

Adas ɗin ki tsince shi a faranti don akan samu tsakuwa, ki wanke sau uku ko huɗu har ruwan ya daina fari. Ba a jiƙa shi. Kuma ki wanke shi a daidai lokacin da za ki zuba, don in ya zauna a jiƙe yakan dunƙule ya manne kamar ƙullu. Ki zuba a kan lik, ki bi da romon da zafinsa, ki ƙara wuta ya tafasa. Zai taso da farin kumfa, ki kwashe da ludayi, ki rage wuta, ki ɗora murfi a karkace. In kika rufe ruf zai yi bori ya wanke miki kan gas.

Kada ki sa kanwa. Na san hannu yana ƙaiƙayi, an ga abu mai kama da wake. Jan adas ba ya bukatarta, abin da za ta ƙara miki shi ne launi mara kyau da ɗanɗano kamar na sabulu. Tumatir da lemun tsami ma ba yanzu ba, tsami yana hana shi saurin laushi.

Bayan minti 10 zai fara fashewa, ya tashi daga ja ya koma rawaya. Daga nan kada ki yi nisa, domin yana sauka gindin tukunya ya kama, kuma ƙaurinsa na bin shorbar gaba ɗaya. Ki riƙa kai ludayi har ƙasa kina karcewa. In ya riga ya kama, kada ki kankare, ki juye na saman a wata tukunya ki ci gaba. Minti 20 ya narke, ki danna karas da cokali, in ya murƙushe ki sauke.

Markaɗe ra'ayi ne. Ni rabi nake markaɗawa in mayar cikin sauran, don a riƙa jin lik a baki. In za ki sa a bilanda, ki bari ya ɗan huce kuma kada ki cika ta fiye da rabi, ki danne murfin da tsumma, don tururi yana cilla shi sama. In an ɗauke wuta, maburgi yana yin aikin, kamar yadda kike burga miyar kuɓewa. Ki mayar kan wuta, ki daidaita gishiri, ki sa masoro, ki kashe, sannan ki matse rabin lemun tsami ki ɗanɗana. In kin ji kamar akwai abin da ya rage, yawanci sauran rabin lemun ne, ba ƙarin dunƙule ba.

Ana sha da gurasa ko burodin da aka ɗan gasa, da ɗigon man shanu a sama. Tana yin kauri in ta huce, washegari za ki tarar da ita kamar fate, sai ki ƙara ruwan zafi ki ɗumama a ƙaramar wuta kina juyawa. A firiji tana kwana uku. Da zafin bazara kuma babu wuta, ki yi daidai wadda za a shanye a daren, don kafin sahur ta fara tsami.