Yadda Ake Lodin Ɗanyen Mai a Jirgin Dakon Mai

Aikin lodi yana farawa tun jirgi bai iso tasha ba. Kamfanin da zai yi hayar jirgin ya fara duba rahoton binciken lafiyarsa na tsarin SIRE, wanda ƙungiyar kamfanonin mai ta OCIMF ta ɓullo da shi a 1993, sannan ya tabbatar girman jirgin ya dace da kayan. Samfurin Suezmax, wanda aka saba gani a tashoshin Bonny da Forcados na Najeriya, yana ɗaukar ganga kusan miliyan 1, samfurin VLCC kuwa, wanda ya fi shi girma, kusan miliyan 2.

Da isowa, kyaftin zai miƙa sanarwar cewa jirgi ya shirya. A yawancin yarjejeniyoyi awa 72 ake ware wa lodi da saukewa gaba ɗaya, abin da ya haura kuma mai haya ne zai biya kuɗin jinkirinsa. Daga nan gaggawa take shigowa, kuma bai kamata a bar ta ta ja ragamar aikin ba.

Kafin a haɗa tiyo, babban mataimakin kyaftin da wakilin tasha su bi takardar matakan kariya layi-layi, su amince da saurin turo mai da kuma wanda zai ba da umarnin tsayawa. A auna kowane tanki a tabbatar iskar oksijin ba ta wuce kashi 8 cikin 100 ba, domin a wannan ma'auni tururin mai ba ya kama wuta.

A fara turo man a hankali cikin tanki ɗaya, ma'aikaci yana tsaye a mahaɗar bututu yana duba ko akwai ɗigo, wani kuma yana leƙa saman ruwa ko zai ga ƙyallin mai. Sai an gamsu za a ƙara gudu, ana fitar da ruwan da ke daidaita jirgi gwargwadon man da ke shiga, don kada nauyi ya taru wuri ɗaya ya lanƙwasa jikin jirgin.

Cikon tankuna shi ne wuri mafi hatsari. A rage gudu, a tsaya a kashi 98 cikin 100, saboda mai yana kumbura idan ya ji zafi a hanya. Daga ƙarshe a auna yawansa da zafinsa da ruwan da ya kwanta a ƙasansa, a gwada da lissafin tasha. Idan bambancin ya yi yawa, kyaftin ya rubuta takardar ƙorafi kafin ya sa hannu a takardar shaidar kaya.