Yadda ake rainon murjani a tankin gilashi

Yawancin sababbin shiga da na ga murjaninsu ya mutu, sun ɗauke shi tamkar dutsen ado ne. Alhali dabba ce mai rai. Kowane reshe tarin 'yan ƙananan halittu ne, kowace tana da baki guda kewaye da siraran hannuwa. Suna jan sinadarin kalsiyam da kabonet daga ruwa su gina ƙashi a ƙarƙashinsu, na baya su ɗora a kan ƙashin na gaba. Da haka tudun murjani yake tashi cikin dubban shekaru, har ya kai irin na gaɓar Ostareliya mai tsawon kusan kilomita 2,300. Irin wannan teku kake son kwaikwaya a ɗakinka.

Fara da ruwa. Tataccen ruwa za ka samu, ka zuba gishirin da aka haɗa domin tankin teku, kimanin giram 35 a kowace lita. Zafinsa ya tsaya tsakanin digiri 25 da 26. Ka jera duwatsu, ka kunna famfon da ke kaɗa ruwa, sannan ka ƙyale tankin sati 4 zuwa 6 ba murjani a ciki. Kowa gajiya yake a nan, amma ka daure.

Ni ban yarda sabon shiga ya fara da masu rassa irin Akrofora ba, duk kyansu. Sayi mai laushi, wato marar ƙashi mai tauri, tukuna, ya fi juriya, kuma ko ya mutu asarar ba ta da yawa.

Sai maganar haske, inda ni na sha kashi. A cikin naman murjani akwai wata gansakuka mai ƙwayar halitta ɗaya, wadda ke haɗa abinci da haske ta ba shi, kuma yawancin launinsa daga gare ta yake. Da na ji haka sai na ɗora murjanina na farko can saman dutse, na buɗe fitila iya ƙarfinta. Cikin 'yan kwanaki bakin rassan ya fara koɗewa, bayan sati biyu ya yi fari fat, ana hango ƙashi ta cikin nama. Haske ya yi masa yawa, sai ya kori gansakukar. Haka yake yi a teku idan zafi ya haura abin da ya saba da digiri ɗaya kacal na tsawon makonni. Don haka ka ajiye sabon murjani a ƙasan tanki, ka rage fitila, kana ɗaga shi kaɗan-kaɗan duk sati. Ka riƙa duba shi da safe: idan hannuwansa a buɗe suke suna kaɗawa, lafiya lau, idan ya tsuke kwana biyu a jere, mayar da shi ƙasa.

Idan ruwa ya ragu saboda tururi, ka cika da tataccen ruwa zalla, domin gishirin yana nan bai tafi ba. Ka canja kashi 10 cikin 100 na ruwan tankin da sabon ruwan gishiri duk sati, ka auna kalsiyam ya zauna wajen miligiram 420 a kowace lita. Da murjanin ya samu wurin zama, ka liƙa gindinsa a dutse da gam mai kauri, kada ka sake taɓa shi da hannu.