Yadda ɗan kwangila zai ƙalubalanci rashin adalci wajen bayar da kwangilar gwamnatin tarayya

Sau da yawa jinkiri ne ke kayar da ɗan kwangilar da aka danne wa haƙƙi, domin yakan ɓata makonni yana bin ofis-ofis yana neman wanda zai sa masa baki, har wa'adin da doka ta ba shi ya wuce. Dokar bayar da kwangiloli ta 2007, wadda marigayi Shugaba Umaru Musa 'Yar'adua ya sanya wa hannu, ta shimfiɗa hanyar kai ƙorafi a sashe na 54, kuma kowane mataki a cikinta yana da ƙayyadaddun kwanakinsa.

Shirin ƙorafi yana farawa ne tun ranar buɗe takardun tayi. Doka ta wajabta a buɗe su a bainar jama'a, a gaban masu neman aikin ko wakilansu, a karanta sunan kowane kamfani da kuɗin da ya nema da babbar murya. Ka halarta da kanka ko ka tura wanda ka amince da shi, ya sa hannu a rajistar mahalarta, ya rubuta kowane suna da kowane farashi kamar yadda aka faɗa. Idan an shigo da ambulan bayan an rufe akwati, ko an tsallake wani ba a karanta ba, a rubuta lokacin da abin ya faru da waɗanda suka gani. Wannan 'yar takarda ta hannu ita ce za a riƙa gwadawa da rahoton kwamitin tantancewa daga baya.

Kafin ka zargi kowa, ka binciki naka takardun da idon basira. Mafi ƙarancin farashi shi kaɗai ba ya ba mutum kwangila. Doka ta ce wanda ya cika dukkan sharuɗɗa, kuma farashinsa ya fi sauƙi bayan an tantance, shi ne ya ci. Wanda shaidar biyan harajinsa ta shekara uku ba ta cika ba, ko takardarsa ta PenCom (hukumar fansho), ITF (asusun horar da ma'aikata) ko NSITF (asusun inshorar ma'aikata) ta daina aiki, ya riga ya fitar da kansa, kuma babu hukumar da za ta mayar da shi. Idan takardunka sun cika, ka rubuta wa ma'aikatar ka nemi bayanin dalilin faɗuwarka, domin doka ta ɗora mata nauyin yin wannan bayani ga wanda ya nema. Idan ta yi shiru, Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ta ba ta kwana 7 ta amsa buƙatar da aka gabatar a rubuce.

Ƙorafin farko ana kai shi ne ga jami'in da alhakin kuɗin ma'aikatar ke wuyansa, wato babban sakatare idan ma'aikata ce, ko babban darakta idan hukuma ce, cikin ranakun aiki 15 daga ranar da ka san da matsalar, ko ranar da ya kamata a ce ka sani, duk wadda ta riga zuwa. A nan ne ya fi kamata a yi hattara: idan laifin yana cikin sanarwar neman tayi ne, misali an tsara sharuɗɗan yadda kamfani ɗaya tak zai iya cika su, to kwanakin na iya fara tafiya tun ranar da ka karɓi takardun, tun kafin a sanar da wanda ya ci. Takardar ƙorafin ta ambaci lambar kwangilar, da abin da aka yi, da sashen doka ko sharaɗin da aka saɓa, da gyaran da kake so. Ka guji zargin cin hanci idan ba ka da hujja a hannu, domin yana raunana magana mai ƙarfi. Ka tabbatar an buga maka hatimin karɓa da kwanan wata a kwafinka.

Jami'in yana da ranakun aiki 15 ya yanke hukunci a rubuce tare da dalilansa. Idan bai amsa ba, ko amsar ba ta gamsar da kai ba, kana da ranakun aiki 10 ka ɗaukaka ƙorafin zuwa BPP, wato hukumar da ke sa ido kan bayar da kwangilolin gwamnatin tarayya, da ke Abuja. A ganina wannan mataki ya fi kowane amfani, domin da zarar ƙorafin ya isa, doka ta umarci hukumar ta sanar da ma'aikatar, ta dakatar da ci gaba da batun har sai an warware shi. Tana da ikon soke matakin da ya saɓa doka, ko ta maye gurbinsa da nata, cikin ranakun aiki 21.

Bayan nan ne ake zuwa Babbar Kotun Tarayya, cikin kwana 30 daga samun hukuncin BPP ko ƙarewar wa'adinta. Wanda ya tsallake matakan biyu ya garzaya kotu ya miƙa wa lauyan gwamnati hujjar neman a kori ƙararsa tun kafin a shiga gundarin magana. Kuma idan har an sa hannu a yarjejeniya, aiki ya yi nisa, yana da wuya kotu ta mayar da hannun agogo baya, don haka ka ɗauki lauya tun kana rubuta ƙorafin farko.

Duk wannan ya shafi kwangilar tarayya ne, da ayyukan da aƙalla kashi 35 cikin 100 na kuɗinsu ya fito daga asusun gwamnatin tarayya. Jihohi irin su Kaduna, Kano da Jigawa suna da nasu dokokin da nasu hukumomin, saboda haka idan aikin na jiha ne, ka nemi kwafin dokar jihar ka duba wa'adin da ta gindaya tun ranar da ka sayi takardun tayi.