Kurakuran da ɗalibai suka fi yi wajen zana haɗakar tazara a layin lambobi

Duk malamin lissafi da ya saba duba takardun ɗaliban da ke shirin jarrabawar WAEC da NECO a Jos ya san cewa yaro yakan warware lissafi daidai tun daga farko, sai ya zo zana amsar a kan layin lambobi ya zubar da makinsa. Abin yana da ciwo, domin ya riga ya gama da wuri mai wuya, kuma gyaran ba ya bukatar sabon ilimi sai natsuwa.

Tazara ita ce dukkan lambobin da ke tsakanin iyakoki biyu. Haɗakar tazara biyu kuwa, wadda ake rubutawa da alamar ∪ da masanin lissafi ɗan Italiya Giuseppe Peano ya shigo da ita a 1888, ta ƙunshi kowace lamba da ke cikin ta farko, ko ta biyu, ko duka biyun. Mai shago a kasuwar Terminus ta Jos da ke buɗewa daga ƙarfe 8 zuwa 1, ya rufe don salla da abinci, sannan ya dawo daga 2 zuwa 6, lokacin cinikinsa haɗakar tazara biyu ne, kuma wanda ya zo ƙarfe ɗaya da rabi zai tarar da ƙofa a rufe.

Kuskure mafi yawa shi ne cike wannan giɓi. A ɗauki x² − x − 6 > 0, wanda iyakokinsa −2 da 3 ne, amsarsa kuma x < −2 ko x > 3. Ɗalibai da dama sukan ja layi mai kauri daga −2 zuwa 3, saboda hannunsu ya saba haɗa ɗigo biyu, alhali nan ne daidai wurin da amsar ba ta taɓa ba. Wasu kuma sukan matse amsar su rubuta 3 < x < −2, wanda ke nufin lambar da ta fi 3 girma kuma a lokaci guda ta gaza −2, kuma babu irin wannan lamba. Maganin shi ne gwaji kafin a ɗora biro: a saka 0 a gurbin x, za a samu −6, wanda bai fi sifili ba, saboda haka tsakiya ba ta cikin amsa; a saka 4, za a samu 6, wanda ya tabbatar da ɓangaren dama. A ganina, malamin da ya dasa wa ɗalibansa wannan ɗabi'a ya yi musu abin da ya fi haddar kowace ƙa'ida amfani.

Sai batun da'irar da ake zanawa a kan iyaka. Cikakkiyar da'ira tana nuna cewa lambar tana ciki, kuma ita ce ke tafiya da ≤ da ≥ da baka mai kusurwa, wato [ ko ]. Da'ira mai rami tana nuna lambar ba ta ciki, tana tafiya da < da > da lanƙwasasshiyar baka, wato ( ko ). Bambancin yana da girma fiye da yadda ido ke gani. Haɗakar [1, 3) da [3, 5] tana zama tazara guda, wato [1, 5], domin ta biyu ta ɗauko 3 ɗin da ta farko ta bari. Amma haɗakar [1, 3) da (3, 5] tana barin rami a kan 3, kuma dole ramin ya fito sarai a zanen. Da'irar da aka yi cikin gaggawa har tawada ta toshe ta, mai duba takarda zai karanta ta a matsayin cikakkiya.

Inda tazarar biyu suka hau juna, kamar [1, 4] ∪ (2, 7), amsar ita ce [1, 7). Wasu sukan bar da'ira mai rami a kan 2, sun manta cewa tazarar farko ta riga ta ƙunshe shi, wasu kuma sukan yi inuwa daga 2 zuwa 4 kawai, wanda shi ne mahaɗarsu mai alamar ∩, ba haɗakarsu ba. Abin da ya fi shi ne a zana kowace tazara da fensir a nata matakin a saman layin, ɗaya bisa ɗaya, sannan a sauko da duk wurin da aƙalla guda ta rufe.

Alamar ∞, wadda ke nufin rashin iyaka, ba lamba ba ce da ake isa gare ta, don haka ba ta ɗaukar baka mai kusurwa ko da'ira. Kibiya kawai ake yi mata. Haka nan −5 yana hagun −2 ne, ba damansa ba, kuma wanda ya raba −2x ≥ 6 da −2 dole ya juya alamar ta koma x ≤ −3, in ba haka ba kibiyarsa za ta fuskanci dama alhali hagu ya kamata ta nufa. Saka −4 zai ba da 8, wanda ya fi 6, kuma wannan ya isa ya nuna inda kibiyar za ta dosa.