Kurakuran da Ke Ɓata Hoton Mutum a Hasken Rana

Mai son hoton da zai nuna mutum yadda Allah Ya halicce shi, da launin fatarsa da kamannin fuskarsa, yawanci tun wurin haske yake yin tuntuɓe. Da rana tsaka haske daga sama yake faɗowa, sai kwarmin ido ya yi duhu, goshi ya yi ta ƙyalli. A ɗauka da hantsi ko bayan la'asar, ko a zaunar da mutum bakin zaure. Seydou Keïta, shahararren mai ɗaukar hoto na ƙasar Mali, wanda ya buɗe shagonsa a Bamako a 1948, da hasken rana ya ɗauki mafi yawan hotunansa.

Babban kuskure kuwa shi ne zaton baƙar fata ƙarin haske take so. Haske mai faɗi take so. Siffar kunci da haɓa tana fitowa ne daga sheƙin da fata ke mayarwa, filashar kan kyamara kuma ƙarama ce, ɗigon fari kawai za ta bari a goshi da hanci. A kashe ta. A ajiye mutum kamar mita 1 daga babbar taga, hasken ya zo masa ta gefe, wajen digiri 45, a riƙe farin kwali ta ɗaya ɓangaren ya rage inuwa. Gindin darbejiya akwai sanyi, amma ganye kan zuba wa fata kore-kore.

Ma'aunin hasken da ke cikin kyamara ma yana ruɗuwa, domin yana ɗaukar komai a matsayin toka-toka mai mayar da kashi 18 cikin ɗari na haske. In farar shadda ta cika hoto, sai ya dusashe komai, fuska ta nutse. A ƙara mataki 1, wato a ninka hasken da kyamara ke ɗauka, ana lura kada aikin wuyan riga ya ɓace cikin fari. In fuska ce ta cika hoto ko bayan mutum duhu ne, sai ya haskaka fiye da kima, fata ta yi furu-furu; a rage kusan mataki 1. Ɗauka a RAW, wato ɗanyen hoton da kyamara ba ta sarrafa ba, yana barin damar gyara.

Matsowa kusa da mutum ana amfani da gilashin kyamara mai ɗaukar fili da faɗi, wato 24mm, wanda kusan shi ne a babbar kyamarar waya, yana kumbura hanci. A ja baya mita 2, a sa 50mm ko 85mm. Buɗe kafar shigar haske ta gilashi sosai, kamar f/1.4, kan fitar da ido ɗaya ta bar ɗayan dishi-dishi. F/4 ta fi, da saurin ɗauka na 1/200 na daƙiƙa.

Sai gyaran kwamfuta, inda aka fi yin ɓarna. Goge fata har ta koma kamar roba, ko hasken da waya ke ƙara wa fuska da kanta, yana ba ka hoton wani mutum dabam. A cire abin da zai tafi cikin mako, kamar ƙurji. Tamoji, furfura da tsagar gado nasa ne, a bar masa. Lokacin hunturu a shafa man kaɗanya kaɗan, a jira ya shiga jiki, don in ya yi yawa ƙyalli zai dawo.

Wanda ya ƙame kuma, a ba hannunsa abin riƙewa, a ja shi da hira. Kafin a fara, a gaya masa inda hoton zai je, a sami yardarsa.